Yadda ake haɗa sirof mai ƙanshin meful na zubawa a kan fankek

Sirof ɗin da ake zubawa a kan fankek iri biyu ne, kuma gara a rarrabe su tun kafin a ɗora tukunya. Akwai na ainihi, wanda ake dafawa daga ruwan bishiyar meful, wadda a jikin kwalba za ki ga an rubuta sunanta maple. Bishiyar ƙasashen sanyi ce, ta gabashin Kanada da arewa maso gabashin Amurka. A ƙarshen hunturu, lokacin da dare ke ƙanƙara rana kuma sanyi ya ɗan sassauta, sai a huda jikinta a tari ruwan da ke ɗiga. Sukarin da ke cikin ruwan nan bai wuce kashi 2 zuwa 3 cikin ɗari ba, shi ya sa sai an dafe kusan lita 40 kafin a sami lita ɗaya. Lardin Kebek na Kanada kaɗai ke fitar da kimanin kashi 70 cikin ɗari na wanda ake samu a duniya.

Na biyun kwaikwayo ne: sukari, ruwa, sai ƙanshi. Shi ne a cikin mafi yawan robobin da ake sayarwa da sunan sirof ɗin fankek, kuma shi za mu haɗa. Ba zai zama na bishiya ba, kada a yaudari kai. Amma idan an yi shi da kyau yana fin na roba daɗi, don ke ce za ki zaɓi duhunsa da ƙarfin ƙanshinsa, ba kuma zai kai rabin awa ba.

Kayan haɗin ba su da yawa, don haka kuskuren da ake yi ma ba shi da yawa. Kusan duk sirof ɗin da ya lalace, ko dai an bar shi a wuta ya wuce lokaci, ko an sauke shi bai kai ba. Ido ba ya iya raba wannan gardama, saboda sirof mai zafi kullum tsinkakke ne, sai ya huce kaurinsa na gaskiya ke bayyana.

Ma'aunin da komai ya rataya a kansa

Ruwa yana da iyakar sukarin da zai iya riƙewa. A zafin digiri 20, giram 100 na ruwa na narkar da sukari giram 200 da 'yan kai, wato kashi biyu sukari kashi ɗaya ruwa, kusan 67 cikin ɗari ke nan. Idan sukari ya haura haka, rarar ba ta da wurin zama, sai ta fita ta koma ƙwaya a gindin kwalba. Idan kuma ya gaza sosai, ya sauko ƙasa da 60, sirof ya tsinke, fankek ya shanye shi ya jiƙe jagwab, ga shi funfuna ba ta daɗewa take samun shiga. Masu yin na bishiya a Kanada doka ce a kansu kada sukarin ya gaza 66 cikin ɗari.

Akwai wani abu kuma. Ruwa mai sanyi bai kai mai ɗumi riƙon sukari ba: dab da daskarewa abin da yake iya riƙewa kusan 64 ne cikin ɗari. Tun da namu a firij zai zauna, a tsakiya za mu tsaya, a kan 65, sannan mu ba shi ɗan taimako da lemon tsami. Lissafin mai sauƙi ne. Duk nauyin sukarin da kika zuba, ki ninka shi da 1.54, abin da ya fito shi ne nauyin da sirof zai kai a sauke. Sukari giram 400 zai ba ki sirof kusan giram 615. Kilo ɗaya zai ba ki giram 1,540.

Kayan haɗi

Farin sukari giram 300, kofi ɗaya da rabi
Jan sukari giram 100, rabin kofi a danne
Ruwa mililita 300, kofi ɗaya da kwata
Ruwan lemon tsami tatacce, ƙaramin cokali 1
Gishiri, ɗaya bisa takwas na ƙaramin cokali
Fulebon meful, rabin ƙaramin cokali zuwa 1
Fulebon banila, rabin ƙaramin cokali

Kofin da ake nufi mai cin mililita 240 ne, ƙaramin cokali mililita 5, babban cokali mililita 15. Wannan haɗin yana ba da kusan mililita 460, kwalba mai rabin lita za ta ɗauke shi.

Jan sukari shi ke kawo launi da zurfin ɗanɗano. Farin sukari ne da aka bar masa ko aka mayar masa da molasis, wato baƙin ruwan nan mai kauri da ke saura bayan an fitar da sukari daga rake. Mai haske yana da molasis kusan kashi 3 da rabi cikin ɗari, mai duhu kusan 6 da rabi. Da yawa sukan yi rabi fari rabi ja, wasu ma jan zalla. A ganina wannan ya yi yawa, domin molasis yana da ƙarfi, da ya wuce gona da iri sai ya danne ƙanshin meful, a ƙare da sirof mai ɗanɗanon rake. Kashi ɗaya cikin huɗu ya isa. In babu jan sukari, ki auna farin giram 400 ki ƙara molasis rabin babban cokali, daidai yake.

Gishirin kada ki raina shi. Ba za a ji shi a baki ba, amma idan babu shi zaƙin yakan fito salam, ya gundure mutum tun a loma ta uku.

Tukunya ta zama mai kaurin gindi, wadda ke cin aƙalla lita 2. Jan sukari yana kumfa, kuma kumfar kan taso farat ɗaya ta ninka tsawon ruwan. Ta ƙarfe mara tsatsa mai haske daga ciki ta fi, don ki riƙa ganin launi, kuma tsami ba ya cin ta. Sai sikelin kicin, ko ma'aunin zafi na girki da ke wuce digiri 110. Samun ɗaya ya wadatar, sikeli kuwa ya fi zama abin dogara.

Dafawa

Kafin komai, ki shimfiɗa katakon yanka ko tsumma mai ninki a kan sikeli don kada zafi ya lalata shi, ki ɗora tukunyar babu komai a ciki, babu murfi, ki rubuta nauyinsu tare. Ki ƙara 615 a kan lambar. Idan tukunya da katako sun yi giram 900, lambar da kike nema 1,515 ce. Ki rubuta ta a takarda ki ajiye kusa da murhu.

Ki zuba ruwan a tukunya tukuna, sannan sukarin a tsakiya, a hankali, don kada ya fallatsa a bango. Ki sa gishiri da lemon tsami. Ki kunna wuta matsakaiciya ki riƙa juyawa a nitse har sukarin ya narke ƙarƙaf, abin da kan ɗauki minti 3 zuwa 4. Yadda za ki tabbatar shi ne ki ja cokali a gindin tukunyar: in kin ji ƙaras-ƙaras, da saura. Ki kula kada ya tafasa kafin ya gama narkewa. In ya fara alamar tafasa alhali akwai sauran ƙwaya, ki rage wuta.

Da ya narke, juyawa ta ƙare. Ki fitar da cokalin ki wanke shi, kada ki ajiye shi a gefe sukari ya bushe a jikinsa sannan ki sake tsoma shi.

Yana tafasa sai ki rufe tukunyar minti 2. Tururin da ya taru zai gangaro ta bango ya wanke ƙwayoyin da suka maƙale a can. Wannan mataki yana da muhimmanci fiye da yadda ake zato. Ƙwayar sukari ɗaya da ba ta narke ba tamkar iri ce: idan ta faɗa cikin sirof, sauran sukarin da ke neman hanyar fita sai ya yi ta taruwa a jikinta, bayan kwana uku ki tarar gindin kwalba ya yi tsakuwa. Ki tsaya kusa lokacin da yake rufe, don a nan ne kumfa ta fi yin ambaliya. In kin ji murfi ya fara rawa, ki ɗaga shi.

Ki buɗe, ki rage wuta yadda zai riƙa tafasa a hankali, ƙananan kumfa na tasowa ko'ina ba tare da ɓararraka ba. Daga nan zai ɗauki minti 8 zuwa 12, gwargwadon faɗin tukunya da ƙarfin wuta. Tukunya mai faɗi ta fi saurin ƙone ruwa, shi ya sa agogo ba ya isa shaida. A minti na 6 ki sauke ki auna. In da saura ki mayar, ki sake aunawa bayan kowane minti 2. Da lambar ta zo, ko ta rage giram 5 zuwa 10 ta kai, ki kashe wuta, domin tururin da zai ci gaba da fita yana hucewa zai cike sauran. In kin wuce, ba asara: ki zuba tafasasshen ruwa har lambar ta dawo, ki bari ya sake tafasa sau ɗaya.

Wata za ta ce me ya sa za a zuba ruwa mililita 300 alhali kusan giram 85 za a ƙone, ba gara a rage ruwan tun farko ba? Dalilin lemon tsamin ne. Sukarin da muke ci, sukuros, ƙwayoyi biyu ne a haɗe, gulukos da furuktos. Tsami da zafi suna raba su, kuma da an raba wani kaso, rababbun sai su shiga tsakanin sauran su hana su jeruwa su yi ƙwaya. Rabawar tana son lokaci. Minti 2 a wuta ba zai yi abin kirki ba, minti 10 kuwa yana yi. Ƙarin ruwan shi ke ba tsamin wannan lokaci ba tare da sirof ya yi kauri fiye da kima ba. Kada kuma a ce tun da yana da amfani bari a ninka shi. Ya wuce ƙaramin cokali ɗaya, za a fara jin lemo, kuma lemo da meful ba sa tafiya tare.

In da ma'aunin zafi za ki yi aiki, ki fara gwada shi a tafasasshen ruwa zalla ki ga lambar da ya nuna. A bakin teku 100 ne, amma duk hawan mita 300 yana rage kusan digiri ɗaya, ga shi ma'aunan kansu sukan yi kuskuren digiri ɗaya ko biyu. Abin da ya nuna, ki ƙara masa digiri 3 da rabi zuwa 4, nan za ki sauke. In ruwanki ya tafasa a 98, sirof ya yi a wajen 102. Kada kan ma'aunin ya taɓa gindin tukunya, zai nuna zafin ƙarfe ne. Tazarar 'yar kaɗan ce: a digiri 110 sukarin ya riga ya kai kusan 80 cikin ɗari, an bar sirof an shiga hanyar alewa.

In babu sikeli babu ma'auni, ki sa ƙaramin faranti a firiza tun kafin ki fara. A minti na 8 ki ɗiga rabin cokali a kai, ki jira rabin minti, ki karkata farantin. Wanda ya yi yana gangarowa a hankali ya bar sawu mai sheƙi a bayansa. Wanda bai yi ba yana zubowa kamar shayi. Wanda ya tsaya cak ko yake jan zare tsakanin yatsu ya wuce, a ƙara masa ruwa babban cokali 2.

Ƙanshi a ƙarshe yake shiga

Bayan kin kashe wuta ki bar shi minti 5, ya sauko wajen digiri 85. Sannan ki zuba banila da rabin ƙaramin cokali na fulebon meful, ki juya da cokali mai tsabta. Abubuwan da ke ba da ƙanshi masu saurin tashi ne. In kin zuba su yana tafasa, kicin zai gauraye da ƙanshi, kwalba kuwa ta tashi da ɗan abin da ya rage.

Fulebo ba ƙarfinsu ɗaya ba. Akwai wanda aka yi da meful na gaske, mai laushin ƙanshi, wanda kan buƙaci cikakken cokali ko fiye. Akwai na kwaikwayo, irin su Mapleine da ya fito a Amurka tun 1905, mai duhu da ƙarfi, wanda rabin cokali ke isa. Wasu da alkohol ake narkar da su, wasu da gilisarin ko makamancinsa, mai son sani ta duba jikin kwalbar. Ko wanne ne, ki fara da kaɗan. Ki ɗebi cokali ɗaya ki bari ya huce, ki ɗanɗana shi a kan gutsuren fankek, don a kan fankek za a ci shi, kuma fulawa da bota suna rage masa kaifi. In bai ji ba ki ƙara kwata-kwata. Ki tsaya tun kina ganin kamar da ɗan saura, domin bayan kwana ɗaya a kwalba ƙanshin yakan ƙara fitowa.

Fulebon da ya yi yawa yana kawo ɗaci da warin magani, kuma babu dabarar cire shi. Maganinsa ɗaya: a dafa rabin haɗin nan ba tare da fulebo ba, a gauraya su.

Idan babu fulebon meful

Hulba ce mafita, kuma ba dabarar rufa-rufa ba ce. Sinadarin da ake kira sotolon, wanda yana cikin abubuwan da ke ba meful ƙanshinsa, yana nan da yawa a 'ya'yan hulba, kuma da ita ake haɗa fulebon kwaikwayo da dama. Kamannin ya kai ga cewa mazauna birnin Niyok sun yi shekaru suna jin ƙanshin sirof ɗin meful a iska wasu darare, sai a 2009 hukumomi suka gano daga wata masana'anta ce mai sarrafa hulba a jihar Niyu Jasi. Halin sotolon shi ne idan ya yi kaɗan ƙanshin meful da ƙonannen sukari yake yi, idan ya yi yawa sai ya koma warin kori. Saboda haka a nan ma ƙaranci ake so.

Ki auna 'ya'yan hulba ƙaramin cokali 2, ɗungurmin, ba niƙaƙƙu ba. Ki soya su a busasshen kasko a ƙaramar wuta minti 2 zuwa 3, kina girgizawa, har launinsu ya ɗan ƙara duhu ƙanshi ya tashi. In sun yi baƙi ki zubar ki sake, ɗacinsu ba ya gyaruwa. Ki zuba musu ruwan zafi mililita 330, ki rufe, ki bar su minti 15. Ki tace da ƙyalle mai laushi ba tare da matsawa ba, ki auni mililita 300 daga ciki, shi ne ruwan dafa sirof ɗinki. Abubuwa uku ke ɓata wannan hanya: niƙa hulbar, tafasa ta a cikin ruwan, da barin ta ta daɗe a jiƙe. Dukkansu suna fito da ɗaci da yauƙin da ke cikin ƙwayar. Ki ƙara banila ya zama cikakken ƙaramin cokali, yana rufe ɗan ɗacin da ya saura. Hulba dangin wake ce, kuma wasu masu rashin jituwa da gyaɗa jikinsu kan ƙi ta ita ma, don haka a sanar da mai ci.

Ƙona ɗan sukari don ƙarin zurfi

Wannan ba dole ba ne, amma shi ke matso da na gida kusa da na bishiya, tun da launin na bishiya da rabin daɗinsa daga doguwar dahuwa suke fitowa. Ya fi amfani ga wadda ta bi hanyar hulba.

Ki ware giram 60 daga farin sukarin, ki baza shi a gindin busasshiyar tukunyar a wuta matsakaiciya. Zai fara narkewa daga gefe. Kada ki juya da cokali, ki riƙa karkata tukunyar dai. Wajen digiri 160 zai fara yin launi, a 170 ya zama ruwan zuma mai duhu. Nan za ki tsaya. Tsakanin wannan launi da ƙonewa bai fi 'yan daƙiƙoƙi ba, kuma da hayaƙi ya tashi mai yaji a hanci, ya ƙone. Ki sauke tukunyar, ki ja baya, ki zuba ruwan da ɗuminsa kaɗan-kaɗan, hannu a nesa. Zai yi tsartuwa da tururi mai ƙarfi, sukarin kuma ya dunƙule. Ba komai, zai narke da an mayar wuta. Sai ki zuba sauran kayan ki ci gaba kamar yadda aka faɗa. Lambar sikeli ba ta canzawa.

Narkakken sukari ya fi tafasasshen ruwa zafi nesa ba kusa ba, kuma yana manne wa fata. Yara su yi nisa da murhu. In ya zubo wa mutum, a tara wurin a ruwan famfo mai sanyi minti 20.

Zancen kauri

Wanda ya saba da na roba zai ga wannan kamar bai yi kauri ba. Na roba da sirof ɗin masara ake yinsa, sau da yawa har da ɗanko na musamman da ake ƙarawa don ya yi nauyi. Na bishiya shi ma ba shi da wannan kaurin, yana zubowa ne sumul. Don haka kada ki nemi kauri ta hanyar ƙara minti a wuta, tsakuwa za ki samu.

Hanyar da ta dace ita ce gulukos na ruwa, ko sirof ɗin masara mara launi. Ki rage farin sukari ya koma giram 240, ki zuba gulukos giram 75, kusan babban cokali 3 da rabi. Lambar sikeli tana nan a 615. Zai ƙara jiki, ya rage kaifin zaƙi, ya kuma hana ƙwaya fiye da yadda lemon tsami ke yi, har kina iya barin lemon gaba ɗaya. Zuma ma tana wannan aiki, sai dai ƙanshinta yana gogayya da na meful, kuma ba a ba jaririn da bai shekara ba.

Sitacin masara, wanda wasu ke damawa su zuba, ba na ba da shawararsa. Yana dusashe sheƙin sirof, in ya kwana a firij ya yi guda-guda ya saki ruwa, ba ya kuma wuce kwana uku zuwa huɗu. Bota kuwa tana da daɗi ƙwarai, amma a sa ta a wanda za a ci yanzu: babban cokali ɗaya a rabin kofin sirof mai ɗumi, a kaɗa. In an sa ta a kwalbar ajiya za ta taso sama ta daskare, ta kuma rage kwanakin sirof ɗin.

Ajiya

Ki wanke kwalbar gilashi da murfinta, ki tafasa su minti 10, ki kife su a kan tsumma mai tsabta su bushe. Ki zuba sirof tun yana da zafi, kwalbar ma da ɗuminta, domin gilashi mai sanyi kan tsage idan zafi ya same shi kwatsam. Ki yi amfani da mazurari, ki goge bakin kwalbar da jiƙaƙƙen tsumma kafin ki rufe, tun da sirof ɗin da ya bushe a baki shi ma iri ne na ƙwaya. Da ya huce ki girgiza kwalbar sau biyu. Raɓar da ta taru a ƙarƙashin murfi tana ɗigowa ta tsinka saman sirof, kuma a wannan tsinkakken saman ne funfuna ke fara kamawa. Girgizawa na mayar da ruwan cikin jiki.

A firij yana yin wata ɗaya zuwa biyu. Na hulba ki cinye shi cikin mako uku. A firiza yana yin watanni, kuma ba ya daskarewa ya zama dutse saboda yawan sukarinsa, kauri kawai yake ƙarawa. Ki rubuta kwanan wata a jikin kwalba. Ki riƙa tsiyayawa maimakon tsoma cokali, musamman cokalin da ya taɓa abinci.

In za a ci, ki tsiyayi iya abin da ake buƙata a ƙaramin kofi ki tsoma shi a ruwan zafi minti 5. Sirof mai sanyi yana sandarar da fankek ya daskarar da botar da ke kansa. Kada ki riƙa ɗumama kwalbar gaba ɗaya kullum, don kowane ɗumi yana ƙone ɗan ruwa da ɗan ƙanshi, sannu a hankali ma'aunin ya goce. Ga mai lissafin abin da yake ci, babban cokali ɗaya yana ɗauke da sukari kusan giram 13. Kayan zaƙi marasa sukari ba sa maye gurbinsa a wannan haɗi, saboda kaurin da daɗewar duk daga sukarin suke.

In an sami matsala

Ƙwaya a gindin kwalba ita ce ta fi yawa, kuma sirof ɗin bai lalace ba. Ki juye shi duka a tukunya, ki ɗauraye kwalbar da ruwan zafi babban cokali 2 ki zuba a kai, ki ƙara lemon tsami rabin ƙaramin cokali, ki ɗora a ƙaramar wuta har komai ya narke, ki rufe ya tafasa minti 2. Ki wanke kwalbar sarai kafin ki mayar, in ba haka ba ƙwayar da ta saura a jikinta za ta sake tayar da aikin. Tun da ya sake shan wuta, ki ɗiga masa fulebo kaɗan. Yadda ƙwayar take yana nuna asalin laifin. Manya masu haske kamar gilashi a gindi suna nufin ruwa ya ƙone da yawa. Ƙanana kamar yashi da suka game sirof ɗin duka suna nufin an juya shi yana tafasa ko yana hucewa, ko sukarin bai gama narkewa ba tun farko.

Wanda ya huce ya zama tsinkakke, a mayar da shi wuta minti 2 zuwa 3 a sake gwadawa. Wanda ya yi duhu da ɗaci, ko wutar ta yi yawa gefen tukunya ya ƙone, abin da kan faru idan harshen wuta ya fi gindin tukunya faɗi, ko sukarin da aka ƙona ya wuce. Ɗacin ƙuna ba ya fita, sake sabo ya fi. Kumfar da ke taruwa a sama lokacin dahuwa daga jan sukari take, ba ta da illa, a kwashe ta da cokali mai tsabta in ana son sirof ya fito garau.

Amma idan kin ga funfuna a sama, ko da ɗigo ɗaya ce, ko kin buɗe murfi kin ji tsami, ko kin ga ƙananan kumfa na tasowa alhali yana cikin sanyi, ki zubar da shi duka. Kwashe saman ba ya isa, sake tafasawa ma ba ya tabbatar da cewa abin da funfunar ta bari a ciki ya tafi. Ki tafasa kwalbar, ki canza murfin in mai roba ne a ciki, a dahuwa ta gaba kuma ki duba lambar sikeli da kyau, don galibi ruwa ne ya yi yawa.